Rabin Taken Pak Wibisana

Shafi na 14

Masu cika mini akwatin saƙo tun Litinin kuna tambaya ko korata aka yi, ku samu wuri ku zauna. Ni kaina a ranar abin da na zata ke nan.

*

Sati na uku ke nan da shigata ƙungiyar makaɗan Pak Wibisana, mutumin da a Jakarta ta wancan lokacin in fim ya fito babu sunansa a jikin hoto, masu gidan silima sai sun yi shawara kafin su karɓa. Mu arba'in da biyu ne. Ni, Kinanti, ina kujerar ƙarshe cikin masu gogen Turawa, dab da ƙofa, inda ake ajiye sabbin zuwa don korarsu ta yi sauƙi.

Ranar Laraba da hantsi muka iso yankin ƙarshe na fim ɗin. Aka kashe fitila, aka haska mana shi babu sauti. Wata uwa ce tsaye a tashar jirgin ƙasa, jirgin ya tafi da ɗanta. Minti biyu da daƙiƙa goma, ba ta ce komai ba.

Bang Parlin, daraktan fim ɗin, ya cire sigari daga baki.

"Pak, a sake haska maka?"

"Na gani."

"Sau ɗaya fa ka gani."

"Ita ma sau ɗaya ta yi kukan."

Ya jingina da murfin fiyano ya fara rubutu. Ba ya taɓa fiyanon, ba ya rera komai, ba ya duba agogo. Minti ashirin ya miƙa takardu aka kwafa aka rarraba mana, kowane makaɗi da nasa.

Bu Meiske, wadda muke duba takarda ɗaya da ita, shekararta goma sha takwas a ƙungiyar, ta taɓa ni da gwiwar hannu.

"Gyara zama, yarinya. Ya sa an kawo akwatin."

"Wane akwati?"

"Ki zuba ido kawai."

Dogon akwati ne baƙi, gefensa duk ya goge. Pak Wibisana ya buɗe shi da kansa, ya fito da rebab, gogenmu na gargajiya mai tsirkiya biyu. Tsoho ne ƙwarai, wuyansa ya yi duhu saboda hannu. Ya cire takalmi, ya zauna a ƙasa ya harɗe ƙafa, da kwat ɗinsa da komai.

"Sau ɗaya yake taɓa shi a kowane fim," in ji Bu Meiske ƙasa-ƙasa. "Akwai wani take da yake sakawa. Fim tamanin da bakwai, babu wanda ba ya ciki. Wani sa'in ya ɓoye shi a sarewa, wani sa'in ya juya shi baibai, ko ya ja shi har ki kasa gane shi. Amma kullum a wuri ɗaya yake yankewa, kamar wanda aka toshe wa baki. Mu rabin take muke ce masa. 'Yan jarida sun ce hikima ce."

"Shi me ya ce?"

"Ke kya tambaye shi?"

Jar fitila ta kama. Majigi ya tashi.

Ban san yadda zan gaya muku ba. Hannayensa biyu suna kan rebab, don haka da kai yake jagorantarmu, da gira, wani lokaci da numfashi kawai. Manyan goguna suka shigo a hankali daidai lokacin da hayaƙin jirgin ya rufe fuskar matar. Ta ɗaga hannu, sarewa ta ɗaga tare da ita. Ta fasa ɗagawa, sarewa ta faɗo. Har ƙiftawar idonta, na rantse muku, sautin da ya rubuta ya faɗa a kanta daidai. Mutumin da ya kalli abu sau ɗaya. Ina gogawa tsigar jikina tana tashi.

Sai rebab ya shigo.

A fili ya kawo taken wannan karon, bai ɓoye shi ba, bai juya shi ba. Mu masu goge muna bin sa a baya.

Na san shi.

Tun ina rarrafe nake jin sa. Kakana, Mbah Sentono, makaho ne, kullum da safe in ya sha shayi sai ya jingina da bango ya riƙa rera shi a maƙogwaro, bakinsa a rufe. Ban taɓa tambayar sunansa ba, kamar yadda ba ka tambayar sunan warin gidanku.

Takarda ta ce a tsaya. Mutum arba'in da ɗaya suka tsaya.

Hannuna bai tsaya ba.

Idona a rufe yake, ina gida, ina jin ƙamshin gyaɗar da Ibu, mahaifiyata, take soyawa. Na bi taken ya gangara, ya sake hawa, ya yi ɗan lanƙwasar nan da Mbah yake yi, ya sauka inda yake sauka. Sai da na sauke baka na ji shirun.

Na buɗe ido. Majigi ya ƙare, farin haske ne kawai a bango. Kowa ni yake kallo. Bu Meiske ta dafe baki.

Pak Wibisana bai motsa ba. Bakan rebab yana sama a hannunsa, inda ya tsaya.

"Kowa ya fita," ya ce.

Kujeru suka fara ƙara. Na sunkuya zan ɗauki jakata.

"Ban da ke."

Bu Meiske ta matse mini kafaɗa ta wuce. Aka ja ƙofa.

"Pak, ka yi haƙuri. Kuskure ne. Ba zan sake..."

"Sake."

"Na'am?"

"Abin da kika buga. Sake shi."

Na ɗora goge a wuya. Na sake. Yana kallon yatsuna kamar mai ƙirga su.

"Sake. A hankali."

Na sake. Da na zo lanƙwasar nan sai ya rufe ido, leɓensa ya motsa.

"Ƙasa yake yi," ya ce, ba da ni ba. "Ashe ƙasa yake yi. Shekara ashirin da uku ina hawa da shi sama."

Ya buɗe ido.

"Wane malami ya koya miki?"

"Ba malami ba ne, Pak."

"Kada ki yi mini ƙarya, yarinya. Na zaga Solo, na zaga Yogya, na zauna gaban tsofaffin makaɗa sama da ɗari ina buga musu rabin nan. Babu wanda ya san cikonsa. A wane faifai kika ji?"

"A gida nake ji."

"Wa yake bugawa?"

"Ba bugawa yake ba. Rerawa yake. Kakana."

"Kakanki ɗan ina ne?"

"Daga Lampung muka zo Jakarta. Amma asali Ibu ta ce daga gabas suke, wani ƙauye a gindin Kelud, dutse mai aman wuta. Ba sa son zancen."

Ya ajiye bakan a ƙasa, a hankali ƙwarai.

"Sunansa."

"Mbah Sentono."

"Mahaifiyarki fa?"

"Marsini."

Sai na ga abin da ban taɓa zaton gani ba. Mutumin da ministoci suke miƙewa in ya shigo, ya dafa ƙasa da hannu biyu kamar ɗakin yana juyawa da shi. Da ya buɗe baki, maganar Jakarta ta tafi. Harshen ƙauye ne ya fito, irin wanda Ibu take yi in ranta ya ɓaci.

"Yaushe ya rasu?"

"Wa?"

"Sentono."

"Pak, da safen nan na ba shi shayi."

Ya daɗe yana kallona.

"Na ga sunansu a allon matattu," ya ce. "A ofishin hakimi. Da idona. Sentono, Marsini, da mahaifiyata. Layi uku a jere."

"Ban gane ba, Pak."

"Sunana ba Wibisana ba ne. Wani furodusa ne ya raɗa mini, ya ce sunana na ƙauye ba zai yi kyau a jikin hoto ba. Sarpin nake. Marsini yayata ce."

Gogen ya kusa suɓuce mini.

"Ibu ba ta da ƙane."

"Haka ta ce?"

"Mbah ya ce 'ya ɗaya Allah ya ba shi."

Ya gyaɗa kai, kamar wanda aka gaya wa abin da ya cancanta.

"Zauna," ya ce.

Na zauna a ƙasa ni ma, don ba zai yiwu in hau kujera yana ƙasa ba.

"Wannan rebab na Sentono ne. Na kakansa ne kafin shi. A yankinmu babu biki, babu wasan inuwa da za a yi ba a zo an ɗauke shi ba. Taken nan shi ya ƙirƙire shi, bai taɓa buga shi a bainar jama'a ba. Ina shekara sha biyar ya koya mini rabi. Ya ce sauran sai hannuna ya nuna. Na jira shekara ɗaya. Na jira biyu, uku, huɗu. Kullum in na buga sai ya ce, da saura. Ni kuma a lokacin har daga wasu ƙauyuka ake zuwa jina. Kaina ya kumbura."

Ya shafa wuyan rebab ɗin.

"Masu wasan kwaikwayo na yawo suka yada zango a garinmu. Shugabansu ya ce in bi su. Ba ni da goge nawa. Ranar da za su tashi Bapak, mahaifinmu, ya tafi gona. Na sauke wannan daga bango na naɗe a zani."

"Ka sace shi."

Maganar ta fito kafin in kama ta. Bai ji haushi ba.

"Na sace shi. Na ce wata uku in tara abin sayen nawa in dawo masa da shi. Kwana uku da tafiyata dutsen ya fashe. Da na dawo, laka ta shafe ƙauyen, kan hasumiyar masallaci kawai ake gani. Na tona da hannu har farcena ya cire. Sai na je na ga allon."

"Gwamnati ce ta kwashe waɗanda suka tsira ta kai Lampung," na ce. "Ibu ta ce a jirgin ruwa."

"Ban sani ba. Wa zai gaya mini? Na zo Jakarta da zani ɗaya da wannan. Na yi kiɗa a bakin tasha. Na yi a gidan rawa. Na share sutudiyo shekara biyu don a bar ni in tsaya bayan masu kiɗa in leƙa takardunsu, da haka na koyi karatun kiɗa. Ranar da mai kiɗan wani fim ya yi fushi ya tafi, aka ce wa zai iya, na ɗaga tsintsiya."

Ya yi ɗan murmushi, ya ɗauke shi.

"Fim na farko na sa rabin taken don ba ni da wani abu nawa. Na ce kafin na biyu zan ƙirƙiro cikonsa. Kinanti, na rubuta wa mutane kiɗan yaƙi, na aure, na mutuwa. Akwai waƙar da na yi a bayan mota cikin minti goma, yau har a Malesiya ana rera ta. Amma wannan, na rubuta masa ƙarshe ya fi ɗari uku. Duk na yaga. Sai ga shi a kujerar ƙarshe, a bakin ƙofa."

Ƙofa ta buɗe da ƙarfi. Bang Parlin ne, idonsa jawur.

"Pak, na san ka ce a fita. Amma injiniya bai tsayar da na'ura ba. Ya ɗauka. Mun ɗora shi a kan hoton." Ya share fuska da hannun riga. "Ni da na shirya wurin nan, ni da na san albasa muka sa wa matar a ido, ga ni nan ina kuka kamar jaki. Daidai inda yarinyar nan ta sauka, nan matar ta juya baya. Daidai. Ƙarshen fim ɗina ke nan."

"Ba za ka taɓa shi ba."

"Me?"

"Ba nawa ba ne."

"To na wa? Nata? Ke, nawa kike so?"

"Parlin, ka sa a cire wannan naɗin a kulle. In mai shi bai yarda ba, da hannuna zan ƙone shi."

"Juma'a za a kai fim ɗin tacewa, Pak. Jibi fa ke nan. Gidajen silima sittin sun riga sun manna hoto."

"Na sani."

"Makaɗa arba'in suna waje suna shan shayina."

"Su sha."

Ya mayar da rebab cikin akwati, ya miƙe, ya sa takalmi.

"Kinanti, kai ni."

Nan fa matsala ta taso. Domin Ibu ba ta san ina nan ba. Tun ina ƙarama an hana mu silima, an hana rediyo a gidan. Da ƙyar ta bari na koyi goge, shi ma don Mbah ya sa baki. Da na samu wannan aikin, ce mata na yi yara nake koyarwa a wata makaranta.

Na gaya masa a mota.

"An hana rediyo," ya maimaita.

"E."

Muka nufi Jatinegara, unguwarmu.

Mota ba ta shiga layinmu. Muka sauka a bakin titi, direba ya miƙa hannu zai karɓi akwatin, ya hana. Muka bi lungu, shi da kwat da takalmi mai ƙyalli yana tsallake kwata. Wata mata tana shanya tana rera waƙar wani fim ɗinsa na bara. Ta matsa ta ba shi hanya ba ta ko dube shi ba.

Ibu tana rumfarta a ƙofar gida, inda take sayar da pecel, dafaffen ganye da miyar gyaɗa. Tana durƙushe tana niƙa gyaɗar miya a kan dutse, mutum biyu suna kan benci suna ci.

Ta ɗago ta gan ni. Ta ga mutumin da ke bayana. Ta ga akwatin.

Hannunta bai daina niƙa ba.

"Sarpin," ta ce. "Ka yi ƙiba."

"Mbak."

Muryarsa ta karye a kan kalmar da ake kiran yaya da ita. Ya matsa zai durƙusa ya kama hannunta. Ta janye.

"Hannuna da barkono." Ta juya ga masu cin abinci. "Ku tafi da farantan, kwa dawo mini da su."

Suka tashi sumui-sumui.

"Ke kuma," ta dube ni, "makarantar ke nan?"

"Ibu..."

"Zan zo kanki."

"Mbak, na zata kun mutu. Na ga sunanku a allo. Wallahi da na sani..."

"Na san ba ka sani ba."

"Ba ki yi mamakin ganina ba."

"Mamakin me? Shekara goma sha biyar da sanina."

Ya tsaya cak.

"Watanmu biyu da zuwa garin nan," ta ce, tana kwashe gyaɗar da cokali. "Maƙwabcinmu ya kunna rediyo, ana tallar wani fim. Ina wanki. Na ji rebab. Ko a kabari aka buga shi zan gane. Washegari na je ƙofar silima na sa wani ya karanta mini sunan. Wibisana. Na ce to. Na sayi mujalla na ga hotonka. Kunnuwan nan naka ba su canja ba."

"Sha biyar, Mbak. Ina garin nan. Tafiyar awa ɗaya."

"Minti arba'in a bas. Na je. Sau biyu. Gida mai koren ƙyaure, da bishiyar mangwaro."

"Kika ƙi shiga."

"Na ƙi."

"Me na yi da ya kai haka? Goge na ɗauka. Ga shi na kawo. Ko sau ɗaya ban bari wani ya taɓa shi ba."

Sai a nan ta ajiye cokalin. Ta miƙe, ta goge hannu a zani. Ibu gajera ce, da ƙyar ta kai kafaɗarsa, amma shi ya ja baya.

"Ba ka tambayi Ibu ba."

Ya sunkuyar da kai.

"Ka ji Bapak yana raye, ka ji ina raye. Ba ka tambayi uwarka ba."

"Na ji tsoro."

"Gidanmu a kan tudu yake, ka manta? Laka ba ta kai tudun da wuri ba. Duk wanda yake gida ranar ya samu ya gudu. Ni na gudu. Bapak ya gudu, toka ce ta ci masa ido. Ka san inda Ibu take?"

"Mbak, don Allah."

"Kwana uku ba ta ci abinci ba. Rana ta uku wani ya ce ya ga masu wasan sun yi hanyar kogi. Ta dafa shinkafa ta ƙunsa a ganyen ayaba, ta ce yaron nan bai tafi da guzuri ba. Ta gangara mashigi tana tambayar masu kwale-kwale. Har magariba ba ta dawo ba."

Ta kawar da kai.

"Ta kogi lakar ta biyo."

Ban taɓa jin wannan ba. Ni abin da aka gaya mini, zazzaɓi ne ya kashe kakata.

Pak Wibisana bai yi kuka ba. Ya zame a hankali har gwiwoyinsa suka taɓa ƙasa, cikin ruwan wanke-wanke, akwatin yana rungume a ƙirjinsa.

"Shi ya sa ban shiga ba," in ji Ibu, muryarta ta sauka. "Na tsaya ƙofarka na ji kana fiyano a ciki. Na ce in na shiga sai na gaya masa. In na gaya masa, mutumin nan ba zai sake rubuta ko layi ɗaya ba. Na juya."

"Da kin gaya mini."

"Da na gaya maka. To ga shi na gaya maka. Yanzu tashi ka tafi."

"Bari in gan shi."

"A'a."

"Ko daga ƙofa."

"Sarpin, a cikin jirgin ruwa, idonsa ɗaure da tsumma, ya rantse a gabana. Ya ce ba shi da ɗa. Ya ce ranar da rebab ɗin nan ya dawo hannunsa zai yanke tsirkiyoyinsa ya fasa ƙoƙon, kada wani ya sake jin muryarsa. Ka san Bapak. Ka taɓa jin ya faɗi abu bai yi ba? Ni na hana rediyo a gidan nan don kada ya ji. Bai san kana raye ba. Shekararsa saba'in da takwas, zuciyarsa ba ƙwari. Ka bar shi ya tafi a haka."

"Marsini."

Daga cikin ɗaki muryar ta fito, ta bayan labulen ƙofa. Ba da ƙarfi ba. Mbah ba ya ɗaga murya.

Ibu ta daskare.

"Bapak, ba kowa. Mai sayen abinci ne."

"Mai sayen abinci da yake jan ƙafar hagu. Tun daga bakin layi nake jin sa."

Babu wanda ya yi motsi.

"Kin hana rediyo a gidanki," in ji Mbah. "Kin hana a gidan maƙwabta? Bangon nan na kara ne. Makaho nake, ba kurma ba."

Ibu ta dafa ginshiƙin rumfa.

"Ka sani?"

"Kafin ke. Kina wanki, ina kwance." Ya yi tari. "Fim na tara ya yi gaggawa. Wanda aka yi ta sawa da azumin bara, babu laifi. Amma tsirkiya ta biyu ta saki. Shekara goma sha biyar tana cina a kunne, an rasa mai gaya masa a cikin duk mutanen da yake ciyarwa."

Wani sauti ya fito daga bakin Pak Wibisana, tsakanin dariya da kuka.

"Bapak," ya ce.

"Ban yi magana da kai ba. Marsini, gaya wa ɓarawon ya shigo mini da kayana."

Ya cire takalmi. Ya cire kwat ya ajiye a kan benci. Bai miƙe ba. A kan gwiwa ya tafi, akwatin a hannu biyu, ya ratsa rumfar, ya hau dakali, kamar yadda ake shiga gaban manya a ƙauye. Maƙwabta sun fara leƙowa ta taga. Ya ɗaga labule da ka ya shige.

Na matsa jikin ƙofa. Ta gefen labule ina hango Mbah zaune a tabarma, bayansa a miƙe. Ya miƙa hannu. Aka buɗe akwati, aka ɗora masa rebab a cinya.

Ya bi shi da yatsu tun daga kai har ƙafa. Ya shafa fatar. Ya kai hanci ya shinshina. Ya ɗan taɓa tsirkiya ta farko, ya taɓa ta biyu, ya girgiza kai.

Sannan ya miƙa hannu ya lalubo fuskar ɗansa. Goshi, ido, kunne. Ya daɗe a kan kunnen.

Ya sauke hannu.

"Kinanti."

"Na'am, Mbah."

"Ke kika ba shi sauran?"

"Ban sani ba, Mbah. Hannuna ne ya..."

"Wa ya ce miki nan ne ƙarshensa? Kashi uku ne. Na ukun ko a maƙogwaro ban taɓa rera shi ba."

Pak Wibisana ya ɗago kai.

"Je ki ɗauko mini wuƙa," in ji Mbah.

Na tuna rantsuwarsa, na juya na dubi Ibu. Ina jira ta ce a'a, ta shiga tsakani, ta yi wani abu.

Ta daɗe tana kallon labulen. Sannan ta ɗauki wuƙar da take yanka ganye, ta goge ta a zaninta gaba da baya, ta miƙo mini ta ƙota.